Likkafanin da Atikatu Ta Kawo

Litinin, 4 ga Agusta, da hantsi. Salaga.

Yau kwana tara ba a dawo mini da likkafanina ba.

Na rubuta shi ɓaro-ɓaro don in gani da idona, ko na ji kunya in huce. Ban huce ba. Falle biyar ne: riga, zane, rawani, da mayafi biyu. Matata Atikatu ce ta kawo daga Makka shekara goma sha ɗaya da suka wuce, nata da nawa, ta tsoma su a zamzam da hannunta. Nata ta shiga da shi shekara huɗu ke nan, Allah Ya jiƙanta. Nawa yana ƙasan adakarta, a naɗe da kafur, yana jirana ba ya gaggawa, ni ma ba na yi.

Ni ban je Makka ba. Duk Salaga Alhaji ake kirana, saboda na fito a alhaji a fim ya fi sau talatin. Sunana na yanka, Abdul-Mumuni, sai a katin asibiti nake ganinsa. Likkafanina ya je, ni ban je ba.

Talata, 5 ga Agusta, bayan azahar.

Na kira Fawaz, daraktan shirinmu na talabijin, Rijiyar Unguwa. Yaron da na halarci sunansa.

Ya ce, "Baba Alhaji! Manya gatan wasa! Ya jiki?"

Na ce, "Jiki na nan inda ka bar shi. Ina kayana?"

"Wane kaya, Baba?"

"Wanda kuka naɗe ni a ciki."

"Au, farin ƙyallen nan? Yana akwatin kayan wasa, wajen Asana. Mun koma Yendi da aiki. In mun gama za a aiko."

Ƙyalle! Na ce masa ƙyalle shi ne abin da uwarsa ta share masa majina da shi. Ya yi dariya, wai har a waya ina wasan kwaikwayo.

Laraba, 6 ga Agusta, da safe.

Bari in faɗi yadda ya fita daga adaka, tunda takarda ba ta da bakin kai tsegumi.

Shekara talatin da ɗaya ina wannan sana'a, tun ana ɗauka a kaset ana haskawa a zauren mai injin wuta. Na yi mai gadi, na yi mahauci, na yi boka, na yi ɗan kamasho a tasha, na yi kawun da ke zuwa biki don tuwo. Magana ɗaya da na yi a wani fim ina mai gadi, "Ba a gabana aka yi ba," har yau yara na bina da ita a kasuwa. Amma a duk shekarun nan ban taɓa mutuwa ba. Irinmu ba ma mutuwa a fim. Jarumi ke mutuwa, a sa goge, mata su yi kuka. Mu sai dai a wayi gari ba mu a kashi na gaba, kuma ba mai tambaya.

To sai ga Fawaz ya ce Alhaji Suraj, kawun jarumi, wanda nake fitowa a matsayinsa, zai rasu a kashi na arba'in, har da jana'iza. Ranar ɗauka na je da wuri. Me zan gani? Labule. Labulen taga mai ɗan fure a gefe, shi za a naɗe ni a ciki. Na ce wa Asana, yarinyar Bawku mai kula da tufafin wasa, "'Yata, tsofaffin Zango, unguwar Hausawa, za su kalli wannan. Gawar da suka wanke ta fi gashin kanki yawa." Ta ce shi ke akwai.

Na hau babur na dawo gida. Sauran ba sai na rubuta ba.

Na kwanta a cikin likkafanina awa biyu, da auduga a hanci. Cinnaka ya cije ni a ƙafa ban motsa ba. Ƙanshin adakarta ya cika mini kai. Da Fawaz ya ce an gama, na yunƙura zan tashi, ciwon da ke cikina ya murɗa, aka kwance ni a gaggauce aka kawo ni gida. Kayan suka tsaya can.

Laifin labule ne.

Alhamis, 7 ga Agusta, da la'asar.

Asana ba ta ɗauki waya ba. Sau shida.

Asabar, 9 ga Agusta, da hantsi.

Rukaya, 'yata, ta zo daga Kpandai da sabuwar doya. Ta daka sakwara, na ci loma uku na ce gishiri ya yi yawa. Bai yi ba.

Ta ce, "Baba, ba ni makullin adakar Mma, zan ɗauki zanenta mai ruwan goro, akwai suna a gidan mijina."

Na ce makulli ya ɓata.

"Ya ɓata yaya? Kullum yana wuyanka."

Na ce, "Ba a gabana aka yi ba."

Ba ta yi dariya ba. Ta dube ni irin duban uwarta, wanda ke sa mutum ya tuna duk ƙaryar da ya yi tun yaye. Makullin yana cikin safata, yana cizona har ta tafi.

Lahadi, 10 ga Agusta, bayan asuba.

Takardar mutanen asibitin Tamale tana cikin hulata. Sun ce in zo ranar 28 a yi mini tiyata, ciki babu komai, tare da wanda zai sa hannu. Likitan ya yi ta zane a takarda yana nuna mini inda za su bi. Na ce masa na yi mahauci a fim bakwai, na san hanya.

Ba wanda na gaya wa. Mutum ba ya shiga irin wannan ɗaki bai san inda kayansa suke ba. Kwana goma sha takwas.

Talata, 12 ga Agusta, da azahar.

Na kira Asana sau goma sha ɗaya. Yanzu ma wayar a kashe take. Kura in ta ɗauki akuya ba ta amsa sallama.

Alhamis, 14 ga Agusta, da yamma. Yendi.

Na ce wa maƙwabta an kira ni aiki. Hanyar Bimbilla ruwa ya cinye ta, mota ta yi ta jijjiga mu kamar ana tankaɗe. A tasha wani mai tura kaya ya hango ni ya ƙwala, "Ba a gabana aka yi ba!" Tasha ta ɗauka. Na ɗaga hannu na yi murmushi, ina riƙe da cikina da ɗaya hannun. Haka sana'ar take.

Na sauka gidan Malam Idirisu, abokina tun muna karatun allo, mai makaranta a nan. Na ba shi labari ina jiran ya taya ni zagi. Ya gama shan kokonsa tsaf, sannan ya ce, "Wato kai da ranka ka shiga likkafaninka don a tafa maka."

Na ce, "Don aikin ya yi kyau."

Ya ce, "To an tafa?"

Shekara sittin muna tare, bai taɓa ba ni gaskiya ba ko a kan kuskure.

Juma'a, 15 ga Agusta, bayan masallaci.

Wannan sai na rubuta.

Na same su suna ɗauka a wani gida bayan kasuwa. Ina shiga na ga Nazif, jarumin shirin, mai gemun da aka zana da reza, zaune a kan buzu wai ya tuba ya zama malami. A kansa rawanina. Na gane shi tun daga ƙofa, don akwai ɗan ɗinki da Atikatu ta yi a bakinsa da zare kore, don kada nata da nawa su cakuɗe.

Ban jira an tsayar da kamara ba. Na je na kama bakin rawanin na fara warwarewa, kansa na juyawa kamar dutsen niƙa.

"Baba, lafiya? Muna ɗauka fa!"

Na ce, "Ka san abin da ke kanka?"

"Rawani."

"Na kabari ne. Nawa."

Ban taɓa ganin jarumi ya fita daga rawani da sauri haka ba. Har hularsa ya bari. Ya tsaya a rana yana karkaɗe kai yana a'uziyya, shi da ke dukan mutum goma a fim.

Fawaz ya ja ni gefe, Baba kaza, Baba kaza. Wai rawanin ne kawai aka ciro. Sauran falle huɗu suna akwati, akwati kuma Asana ta wuce da shi Bawku tun kwana goma sha biyu, don can za su ɗauki kashi na gaba, kuma mahaifinta ba lafiya. Su ma ba sa samunta.

Sai ya ƙara da cewa, wai don ya kwantar mini da hankali, "Ai ma Baba, jana'izar nan mun cire ta. Lokaci bai isa ba, ga talla. Yanzu waya za a yi wa Nazif a ce kawu ya rasu, ya yi kuka. Ya fi taɓa zuciya."

Awa biyu. Auduga. Cinnaka. A waya za a kashe ni.

Na ce, "Fawaz, ranar sunanka ni na riƙe ƙafar ragon. Da na sani da na sake shi."

Asabar, 16 ga Agusta, da hantsi.

Ban fita ba. Abin ya motsa. Idirisu ya ga ina sallah a zaune, bai tambaya ba, ya dai sa aka dama mini kunu mai ruwa-ruwa. Ya ce likkafani yadi ne, kowane fari ya isar wa musulmi. Na ce na sani, na yi malami a fim tara. Ba farin nake bi ba. Hannun da ya tsoma shi nake bi.

Ya gyaɗa kai. Karo na farko.

Litinin, 18 ga Agusta, da la'asar. Bawku.

Mun bi ta Gushegu, ta Nakpanduri, ta Garu. A gangaren dutsen Nakpanduri na yi salati ya fi na watan azumi. A hanya na shirya abin da zan gaya wa Asana, na yi ta maimaitawa kamar rubutun fim. Na tabbata ta sayar, ko ta ɗinka wa saurayi jallabiya.

Garin a ɗaure yake. Rabin shaguna a rufe, mutane na tafiya da sauri suna magana ƙasa-ƙasa. Ba zan rubuta dalili ba, su ma masu garin ba sa faɗa da ƙarfi. Ko mutum ɗaya bai ce mini "ba a gabana aka yi ba". Ban san zan yi kewarta ba.

Na sauka wajen wani mai sayar da albasa, ɗan Salaga. Gobe za a nuna mini gidan.

Talata, 19 ga Agusta, bayan azahar.

Tabarmi a ƙofar gida. Butoci a jere. Na san wannan shimfiɗar, amma fushi ya rufe mini ido, na yi sallama da muryar Alhaji Suraj.

Asana ta fito, ta rame, ta durƙusa tun daga nesa. Ban bari ta buɗe baki ba. Abin da na faɗa ba zan rubuta ba. Na faɗe shi duka, yadda na shirya a mota, ban tsallake layi ba, a gaban uwarta da maƙwabta.

Da na gama ta ce, "Baba, babana ya rasu. Yau kwana goma."

Sunansa Inusah. Direban tasi ne, Bawku zuwa Kulungugu, shekara talatin yana bin hanyar. Ya cika da safe a ranar da aka hana kowa fita. An ba su awa biyu su kai shi, mutum goma kacal. Kasuwa a rufe, mai yadi ya bar gari, a gidan ba farin da ya wuce ɗankwali. Akwatin kayan wasa yana ɗakinta, da likkafanina a ciki.

Na ce, "Ba ki san na wane ne ba?"

"Na sani, Baba. Ni na ninke shi ranar ɗaukar fim. Na ji ƙanshin."

"Kin sani! To me ya hana ki kira ni?"

Ta ɗago kai ta ce, "In na kira ka ka ce a'a fa? Gawa na kwance, awa na tafiya."

Uwarta, Sadiatu, ta fito da farin yadi sabo a leda, ta ajiye a gabana. Ta ce tun da kasuwa ta buɗe suka saya, kunya ta hana su aikowa. Ta ce marigayi in ya ga an tare shi a shingen hanya ana tambayar kayan wa ke bayan mota, maganar nan tawa ta fim yake yi musu, har su yi dariya su ɗaga masa sanda. Ta faɗi maganar da muryarsa. Matan da ke zaune suka yi 'yar dariya, suka share ido.

Ban ɗauki yadin ba. Ban yi ta'aziyya ba. Na juya na fito kamar wanda aka kora, alhali ba wanda ya ce mini ko tak.

Talata dai, kafin magariba.

Zamzam. Hannun Atikatu. Direban tasi.

Laraba, 20 ga Agusta, bayan asuba.

Da ta kira, da na ce a'a.

Na juya maganar ta kowane gefe kamar mai gasa masara, ko zan samu inda ba ta ƙone ba. Da na ce a nemi wani. Da na ce amana ce. Da na kawo hadisi ma, na iya. Saboda labule na ba da shi ba a roƙe ni ba, don tsofaffin Zango su ce Alhaji ya iya mutuwa. Ga gawar musulmi kuwa da na hana. Yarinyar ta san ni fiye da yadda nake so a san ni, shi ya sa ba ta kira ba.

Har yanzu ina jin haushinta. Yanzu dai ban san na mene ne ba.

Laraba, da hantsi ya ɗaga.

Na koma. Na yi ta'aziyya yadda ake yi, na zauna a tabarma na sha ruwansu. Na ce wa Asana maganganun jiya na fim ne, ta zubar. Ta ce, "Ai ka iya, Baba." Ban san ko yabo ne ba.

Ƙanin marigayi ya kai ni maƙabarta a babur. Kabari sabo, ruwa ya lallaɓa shi, an kafa reshe. Na yi masa addu'a. Da ƙanin ya matsa, na ce, "Inusah, ba mu taɓa haɗuwa ba, ga shi ka shiga rigata. A sana'armu jarumi kaɗai ake samo wa wanda zai faɗa rami a madadinsa. Shekara talatin da ɗaya ban samu ba sai kai. In ka ga wata mata doguwa mai tsagar goshi tana duban kayan jikinka tana ɓata rai, ka ce mata ni ne. Za ta ce ai ta sani."

Yadin Sadiatu na ce a ajiye a masallacin unguwarsu. Garin da ake rufe kasuwa bai kamata a rasa fari a kusa ba.

Asabar, 23 ga Agusta, da la'asar. Salaga.

Na tarar da Rukaya zaune a ƙofar ɗakina, adaka a gabanta. Na ciro makulli daga safa na miƙa mata. Ta buɗe, ta ɗaga zannuwa har ƙasa, ta ga wurin. Na gaya mata duka, har labulen.

Ta yi kuka sosai. Sannan ta share fuska ta ce, "Saura ɗayar."

"Wace ɗaya?"

"Ta cikin hula. Baba, wa ke wanke maka huluna? Tun ranar doya na gani. Ina jira in ga ko sai an kira ni a waya an ce ka rasu, kamar kawun Nazif."

Har wannan ya iso Kpandai. Fawaz bakinsa kwando ne.

Na ce ban so in tayar mata da hankali ba. Ta ce, "Ka zaga rabin ƙasa da ciwo kana neman abin da za a binne ka, ba ka nemi wanda zai sa maka hannu ba." Haka uwarta ke yi, ta ɗaure mutum da maganarsa kamar Ƙoƙi da Gizo.

Ta ce Litinin za ta sayo yadi, ta ba wani mai zuwa Umra ya tsoma. Na ce kada ta kuskura. Ba yanzu ba.

Litinin, 25 ga Agusta, da yamma.

An nuna kashi na arba'in. Waya ta yi ƙara, Nazif ya ɗauka, ya kama kai, aka sa tallan maganin sauro. Ko sunana bai faɗa daidai ba.

Alhamis, 28 ga Agusta, ƙarfe bakwai na safe. Tamale.

Ciki babu komai tun jiya. Rukaya ta sa hannu. Sun ba ni wata riga mai ɗaurin baya, ko a fim ban sa abin kunya irinta ba. Rawanin yana ƙarƙashin matashi, bakin mai koren zare a waje inda hannuna zai kai.

Likitan ya shigo da takardunsa, yaro ne, sa'an Fawaz. Ya duba kati, ya dube ni, ya sake duba kati. Fuskarsa ta washe, ya nuna ni da biro ya ce, "Ba a gabana aka yi ba!"

Na ce, "Ɗana, yau a gabanka za a yi, sai ka buɗe ido. Kayan tafiyata wani ya riga ni sawa. Rawani kaɗai ya rage, kuma ba zan je gaban Atikatu da rawani babu riga ba. Ka yi aikinka ka dawo da ni."

Ga su nan sun turo gadon. Rukaya, karɓi littafin. Kada ki karanta.